Ɓarawo Ya Tuba, Ofis Ya Tsira: Inda Fim ɗin Hausa Ya Gaji Wannan Hali

A watan Satumban 2021 Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano, lokacin tana hannun Isma'ila Na'abba Afakallah, ta sanar da cewa ta hana yin fim da ke nuna garkuwa da mutane ko shaye-shaye ko ƙwacen waya. Hujjarta ita ce matasa suna ɗaukar darasin ɓarna daga abin da suke kallo. A watan Mayun 2025 kuma hukumar, a ƙarƙashin Abba El-Mustapha, ta dakatar da fina-finai masu dogon zango 22, har da Labarina da Daɗin Kowa, saboda ana sakin su ba tare da an kawo mata ta duba ba. Duk lokacin da aka yi irin wannan sai gardama ta iso har nan Mairi, a shagunan masu tura fim a waya da ke jikin katangar Jami'ar Maiduguri. Wani ya ce gara haka, tarbiyya ta lalace. Wani ya ce an takura wa masu neman abinci.

Ni damuwata tana wani wuri daban. Ka zauna ka tuno fina-finan Hausa da ka gani masu ɓarawo ko ɗan fashi ko mai kisan kai a ciki. Ƙarshensu kusan iri ɗaya ne: asiri ya tonu, mai laifi ya durƙusa yana kuka yana neman gafara, malam ko dattijo ya yi nasiha, 'yan sanda su zo su tafi da shi. Imani yana nan, nadama tana nan. Abin da ba ka cika gani ba shi ne ofishin da ya karɓi cin hanci, ko caji ofis ɗin da aka shigar da mutum da ransa ba a sake jin ɗuriyarsa ba, ko kwamitin da ya karkatar da abincin marayu. A garin da ya ga abin da Maiduguri ta gani daga 2009 zuwa yau, wannan giɓi ba ƙarami ba ne. Kuma yana da tarihi.

Farkon hoto mai motsi da talakan Arewa ya sani shi ne majigi. Motar gwamnati ce take zuwa, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fadar hakimi bayan sallar isha'i, mai fassara yana magana ta lasifika. Turawan mulkin mallaka sun kafa sashen yin irin waɗannan fina-finai a 1939, kuma salonsu sananne ne: mutum biyu, ɗaya mai hankali da ya bi shawarar malamin gona ko malamin tsafta ya ci riba, ɗaya kuma mai taurin kai da ya ƙi ji ya sha wuya. Gwamnatin Jihar Arewa ta gaji motocin da salon duka, kuma dattawa har yau suna tuna Baban Larai. Mai kuɗin fim gwamnati ce, mai motar gwamnati ce, mai fassarar ma'aikacinta ne. Saboda haka a majigi kuskure kullum na talaka ne, gyara kuwa daga hukuma yake zuwa. A nan nake ganin iri ya faɗi, kuma shi ne bayanin da zan kare a wannan rubutu.

Gidajen sinima na kuɗi sun zo ta wata hanya. 'Yan kasuwa Kwara, wato 'yan Labanan, su ne suka gina su, kamar Rex da aka buɗe a Kano a 1937, kuma tun farko malamai da iyaye suna yi musu kallon matattarar 'yan iska. Gobarar sinimar El Duniya ta ranar 13 ga Mayun 1951, wadda ta ci rayuka 331, ta ƙara ƙarfafa wannan kallo, domin mutane da yawa sun ɗauke ta a matsayin ishara. Fina-finan Amurka da ake haskawa a lokacin su ma da takunkuminsu suka zo. Daga 1934 masu fim a Amurka suna aiki ne a ƙarƙashin wata doka ta tacewa da mabiya ɗariƙar Katolika suka yi ruwa da tsaki wajen tsara ta, wadda ta ce tilas mai laifi ya ga sakayya kafin fim ya ƙare, kuma ba a wulaƙanta malamin addini ko kotu. Shi ya sa a fim irin Angels with Dirty Faces na 1938 za ka ga fada yana roƙon abokinsa ɗan daba ya nuna tsoro a kan hanyar zuwa wurin kisa, don kada yaran unguwa su ɗauke shi gwarzo. Sai da dokar ta faɗi a 1968 sannan suka iya yin Serpico a 1973, labarin gaskiya na ɗan sandan New York da ya tona cin hancin abokan aikinsa. Wato su ma sai da aka sake musu mara kafin kyamara ta juya ta kalli hukuma.

Amma fim ɗin da ya shiga jinin Bahaushe na Indiya ne, kuma a nan ya kamata a ɗan daɗe. Ana yawan cewa Indiya ta koya mana rawa da waƙa da soyayya, ana mantawa da cewa ta kawo mana labarin laifi mafi nauyi da muka taɓa kallo. A Mother India na 1957 uwa ce take harbe ɗanta da hannunta, bayan mai ba da bashi da ruwa ya cinye gonarsu ya mayar da yaron ɗan fashi. Sai kuma Deewaar na 1975, wanda Yash Chopra ya ba da umarni, Amitabh Bachchan da Shashi Kapoor suka fito a matsayin wa da ƙani. Ubansu shugaban ma'aikata ne da masu kamfani suka tilasta masa sa hannu a kan abin da ya cuci mutanensa, domin sun kama iyalinsa. Ma'aikata suka huce a kan babban ɗansa, suka yi masa zanen da ba ya gogewa a hannu cewa ubansa ɓarawo ne. Yaron ya tashi yana raka uwarsa wurin bauta amma ba ya shiga, sai ya zauna a kan matakala yana jira. Ya zama ɗan dako a tashar jiragen ruwa, lambar da ke maƙale a damtsensa 786, wadda wani dattijo Musulmi abokin aikinsa ya gaya masa cewa a wurinsu tana madadin Bisimilla. Daga dako ya koma fasa-ƙwauri ya yi arziki, ƙaninsa kuwa ya shiga aikin ɗan sanda. Uwar ta bar gidan mai kuɗi ta bi mai albashi. Ranar da ciwo ya kwantar da ita ne ya taka matakalar nan ya shiga, yana faɗa da abin bautarsu yana roƙo a lokaci guda. A ƙarshe ƙanin ya harbe shi, ya mutu a cinyar uwarsa.

Duk abin da ake nema yana cikin wannan fim: zalunci, fushi da ƙaddara, alhaki, uwa. To amma a duba yadda aka naɗe shi. Da bikin ba ɗan sanda lambar yabo aka buɗe, da shi aka rufe. Masu kamfanin da suka jawo komai ba wanda ya sake waiwayarsu. Indiya ma tana da hukumar tacewa mai zafi, kuma a shekarar da fim ɗin ya fito ne Indira Gandhi ta kafa dokar ta-ɓaci. Saboda haka mai kallo a Kano ko Jos ko Maiduguri ya koyi tausaya wa mai laifi, ya kuma saba da cewa a ƙarshe kaki ne yake da gaskiya.

Waɗanda suka fara wasan kwaikwayo a gaban kyamara da harshen Hausa kuwa a gidajen gwamnati suka koyi aiki. Gidan talabijin na Kaduna ya fara a 1962, na gwamnatin Kano wato CTV ya zo a farkon shekarun 1980 zamanin Abubakar Rimi. Daga irin waɗannan gidaje ne muka sami Ƙasimu Yero da Karkuzu da Samanja Mazan Fama na marigayi Usman Baba Pategi, wanda shi kansa tsohon soja ne. Gwanaye ne, kuma sun taɓo ha'inci da kwaɗayi da son banza. Sai dai masinja ko akawu ko kofur shi ne iyakar wanda hannunsu yake kaiwa, kuma a ƙarshen shiri babba yakan fito ya tsawata ya daidaita al'amura. Ba laifinsu ba ne. Yawancin shekarun nan soja ke mulki, kuma mai gidan talabijin shi ke biyan albashi.

A kwatanta da abin da marubuta suka yi a daidai wannan lokaci. A 1982 aka buga littattafan da suka ci gasar sashen al'adu na gwamnatin tarayya, cikinsu akwai Turmin Danya na Sulaiman Ibrahim Katsina, wanda ya shiga duniyar fasa-ƙwauri da masu ɗaure mata gindi, da Ƙarshen Alewa Ƙasa na Bature Gagare, labarin ta'addanci da makamai bayan yaƙin basasa wanda har yau mai karatu yakan ajiye shi ya numfasa. Harshe ɗaya, al'umma ɗaya, addini ɗaya, shekara ɗaya. Bambancin kawai shi ne marubuci da biro da takarda yake aiki, mai fim kuwa sai ya ari kyamarar wani.

An yi 'yan yunƙuri a fim na sinima. A ƙarshen shekarun 1980 Sule Umar ya yi Maitatsine, a kan rikicin da ya ci dubban rayuka a Kano a Disambar 1980, wanda reshensa ya ɓarke a Bulumkutu nan Maiduguri a Oktoban 1982. A 1991 Sadiq Balewa ya yi Ƙasarmu Ce, labarin mai kuɗin da ya ƙulla makirci don ya mallake ƙasar wani ƙauye saboda duwatsu masu daraja da ke cikinta. Wannan shi ne fim ɗin Hausa na farko da na sani wanda ya bi sawun laifi har zuwa manyan riguna. Matasan da ke kallo a yau kaɗan ne suka taɓa jin sunansa. Hanyar da ta yi albarka ita ce ta kaset, wadda ƙungiyar Tumbin Giwa ta buɗe a Kano a 1990 da fim ɗinta Turmin Danya, ta kuma bunƙasa da Sangaya a ƙarshen shekarun 1990. A karon farko mai fim ya sami kuɗinsa daga kasuwa, ba daga baitulmali ba.

'Yancin bai daɗe ba. Kano ta ƙaddamar da Shari'a a 2000, aka dakatar da harkar fim na ɗan lokaci, sannan a 2001 aka kafa hukumar tacewa ta jiha, ƙari a kan ta tarayya da ke nan tun 1993. Shekarun farko an lallaɓa. Sai 2007, da wani bidiyon sirri na wata jaruma ya bazu a wayoyi, gari ya ɗauki zafi, gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim shugaban hukumar. A shekarar aka ɗaure Adam A. Zango saboda faifan waƙoƙinsa Bahaushiya. A 2008 aka ɗaure Rabilu Musa Ibro, a ƙarshen shekarar kuma kotun tafi-da-gidanka ta yanke wa Hamisu Lamido Iyan-Tama hukunci a kan fim ɗinsa Tsintsiya, fim ɗin da ke kiran zaman lafiya tsakanin ƙabilu. Masu fim da yawa suka kwashe kayansu suka koma Kaduna da Jos. A lura da shekarun: 2007, 2008, 2009. A daidai lokacin da wuta take ruruwa a Maiduguri, masana'antar da ta fi kowa iya magana da talakan Arewa tana fama da yadda za ta tsira da kanta. Wanda ya ga an ɗaure abokinsa saboda rawa ba zai kwana yana rubuta labarin kwamishinan 'yan sanda ba.

Na san akwai masu wani bayani. Na farko su ne masu cewa kasuwa ce: mata ne manyan masu kallo, soyayya da kishiya suke so, wa zai zuba jarinsa a labarin caji ofis? Wannan magana ta yi ƙarfi a zamanin kaset, amma shagon mai tura fim ya rushe ta. Ka tsaya a ɗaya daga cikin shagunan Mairi da yamma ka ji abin da ake tambaya. Ɗalibi da mai Keke Napep da yarinyar da aka aiko daga gida, kowa ya miƙa waya ko memori, rabi fassarar Algaita suke nema, kuma yawancin waɗannan fina-finai na kudancin Indiya labarinsu ɗaya: minista ɓarawo, babban ɗan sanda da ke cin abinci a hannun bos, jarumin da ya tsaya shi kaɗai. Da Hausa ake jin su, ana tafi ana jinjina. Mai kallon da ya biya kuɗi don ya ga an tona asirin ministan Indiya ba zai ƙi ganin na gida ba.

Na biyu su ne masu jingina abin ga addini, ko don su yaba ko don su kushe. Suna cewa Musulunci ya yi umarni da rufa asiri da biyayya ga shugabanni, saboda haka fim ɗin tonon silili baƙo ne a wurinmu. Wannan ya fi ba ni takaici, domin ya saɓa wa tarihinmu. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo a Kitabul Farƙi ya jero laifuffukan masu mulkin zamaninsa ɗaya bayan ɗaya, har da karɓar gaisuwa kafin a saurari mai ƙara da cin dukiyar talakawa a kasuwa. Ƙaninsa Abdullahi ya juya baya ya nufi gabas saboda abin da ya ga wasu 'yan jihadi sun fara yi da mulki. Shehu Muhammadu El-Kanemi na Borno ya yi musayar wasiƙu da Muhammadu Bello yana tuhumar halaccin yaƙar Musulmi. Malamanmu na farko ba su ɗauki tuhumar mai mulki a matsayin rashin ladabi ba. Kuma fiƙihun da ake karantar da yara a Islamiyya ya raba haƙƙin Allah da haƙƙin bawa: na farko nadama da daina aikatawa da ƙudurin rashin komawa sun isa, na biyu kuwa sai an mayar wa mai haƙƙi abinsa ko ya yafe da bakinsa. Fim ɗinmu ya riƙe rabin farko ya saki na biyu. Kukan nadama yana da sauƙin ɗauka, kuma ba ya ɓata wa kowa rai. Mayar da haƙƙi kuwa dole ya kai ka ga tambayar wa ya ci, wa ya sa hannu, wa ya ba da umarni.

Ga kuma abin da Maiduguri ta tara wanda ke jiran mai ba da labari. Ba na buƙatar a tuna mini ta'asar Boko Haram. Mu a wannan yanki mun ji ƙarar bam ɗin da ya tashi a masallacin cikin jami'a da asubar 16 ga Janairun 2017, wanda ya kashe Farfesa Aliyu Mani. Mun ga hayaƙin Dalori a Janairun 2016, mun yi jana'izar manoman Zabarmari a Nuwamban 2020. Wannan laifi nasu ne, kuma Allah zai tambaye su. Amma akwai ɗaya rabin. A ranar 30 ga Yulin 2009 sojoji suka miƙa shugaban ƙungiyar, Muhammad Yusuf, ga 'yan sanda da ransa, kafin gari ya waye gawa ce. Surukinsa Baba Fugu, dattijo, da ƙafarsa ya je amsa kiran 'yan sanda bai dawo ba, kuma a 2010 babbar kotu a Maiduguri ta yi umarni a biya iyalinsa diyyar naira miliyan 100. A Fabrairun shekarar tashar Aljazeera ta nuna bidiyon masu kaki suna harbin mutanen da aka kwantar a ƙasa, har da masu sanduna. An gurfanar da wasu 'yan sanda a Abuja a 2011, daga baya kotu ta sallame su. Bayan harin barikin Giwa na 14 ga Maris 2014, ƙungiyar Amnesty ta ce an kashe fiye da mutum 600, galibi tsararrun da suka tsere, rundunar soja kuma ta musanta. Iyaye mata da Hajiya Hamsatu Allamin ta tattara a ƙarƙashin ƙungiyar Jire Dole har yau suna riƙe da hotunan 'ya'yansu suna tambaya.

Sai batun abinci, wanda ya fi kowanne ƙona rai. A Agustan 2016 mata 'yan gudun hijira suka fito suka tare hanya a cikin Maiduguri saboda yunwa. A 2017 fadar shugaban ƙasa da kanta ta amsa cewa wajen rabin motocin abincin da ake turowa ba sa isa inda aka nufa da su. A shekarar wata kotu a garin nan ta ɗaure jami'an ƙaramar hukuma biyu da suka sayar da shinkafar agaji. A shekarar dai aka sauke Sakataren Gwamnatin Tarayya Babachir Lawal bayan binciken kwamitin Sanata Shehu Sani a kan kwangilar cire ciyawa, ko da yake kotu ta wanke shi a 2022. Ka ɗauki mutum ɗaya daga cikin wannan sarƙa, ma'ajin sito da ba ya rasa sahun farko, wanda ya sa hannu a takardar buhu ɗari alhali hamsin ya gani, ya dawo gida 'yarsa tana yi masa tilawar surar da ke magana a kan masu tauye mudu. Wane marubucin fim ne zai ce babu labari a nan?

Maƙwabtanmu sun nuna ana iyawa. Ka bi hanyar Dikwa da Gamborun Ngala ka ƙetara, kana N'Djamena, inda Mahamat-Saleh Haroun ya yi Daratt a 2006. Rediyo ya sanar da cewa gwamnati ta yi wa duk masu laifin yaƙi afuwa. Wani tsoho makaho ya ɗauko bindiga ya ba jikansa Atim, ya ce ya je ya nemo wanda ya kashe ubansa. Yaron ya same shi yana sana'ar gashin burodi, maƙogwaronsa da tabon yanka har sai da na'ura yake magana, kullum safiya yana raba wa yara burodi sadaka, yana zuwa masallaci. Mutumin ya ɗauki yaron aiki bai san ko wane ne ba, ya koya masa murza ƙullu, har ya so ya mayar da shi ɗansa. Bindiga tana aljihu, hannu yana rawa. Fim ɗin bai ce sallar mutumin ƙarya ce ba, bai kuma ce ta wanke jinin ba. Abin da ya tuhuma shi ne hukumar da ta yafe abin da ba nata ba, ta bar maraya da makashin ubansa su warware da kansu. Ya sami lambar yabo ta musamman a bikin fina-finai na Venice.

Duk mutumin Borno da ya kalli Daratt zai ga kansa. Tun 2016 ake da shirin gyaran hali a sansanin Malam Sidi na Jihar Gombe, kuma bayan mutuwar shugaban Boko Haram Abubakar Shekau a Mayun 2021 dubban mayaƙa da iyalansu suka miƙa wuya, aka sauke da yawa a sansanin alhazai na Maiduguri. Tubabbu ake ce musu. Na fahimci hujjar gwamnati, domin yaƙin da ba a buɗe wa maƙiyi ƙofar fita ba ya ƙarewa. Amma matar da aka yanka mijinta a gabanta, wadda yanzu take haɗuwa da tubabbe a layin famfo, ba wanda ya tambaye ta ko ta yafe. Babu wata tambaya ta imani da alhaki da ta fi wannan girma a Nijeriya a yau, kuma da Hausa da Kanuri ake yin ta a kowace majalisa.

Waɗanda suka gwada taɓa gefen abin sun ga yadda hanyar take. Desmond Ovbiagele ya ɗauki The Milkmaid a Jihar Taraba, da Hausa, labarin 'yan'uwa mata biyu masu tallar nono da mayaƙa suka sace, Maryam Booth tana cikin jaruman. Ya ci kyautar fim mafi kyau a gasar AMAA ta 2020, Nijeriya ta tura shi gasar Oscar, amma sai da hukumar tacewa ta tarayya ta sa aka yanke kimanin minti 24, galibi wuraren da suka shafi addini. A kudu kuwa Kunle Afolayan ya yi October 1 a 2014, inda marigayi Sadiq Daba ya fito a matsayin Sufeto Danladi Waziri, ɗan Arewa da ya gano cewa mai kashe 'yan mata ɗan sarki ne da wani fada ya lalata tun yana yaro, Turawa kuma suka ce a binne maganar. A 2023 The Black Book ya nuna dattijon coci mai tsohon alhaki a wuyansa yana fuskantar 'yan sandan da suka kashe ɗansa. Ba wanda ya ce waɗannan sun rushe coci ko sun rushe ƙasa.

A namu ɓangaren abin da ya fi kusa shi ne Kwana Casa'in na tashar Arewa24, wanda ya fara a 2019, da gwamnansa Bawa Maikada da asibitinsa da ba magani da 'yan jaridarsa masu karɓar na goro. Yadda mutane suka rungume shi ya ƙara tabbatar da cewa masu kallo a shirye suke. Amma a lura da abu biyu. Sai da aka ƙirƙiro wa labarin jihar da babu ita a taswira, Alfawa, kuma tashar da ta yi shi da tallafin gwamnatin Amurka ta fara aiki a 2014. Har yanzu dai mai riƙe da kyamara yana duban fuskar wanda ya ba shi ita, kamar yadda aka faro tun zamanin majigi.

Ba ina kiran a rushe hukumar tacewa ba ne. Al'umma tana da ikon kare 'ya'yanta daga batsa da koyar da dabarun ɓarna. Kirana ga Abba El-Mustapha, da Ali Nuhu da ke shugabantar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya tun Janairun 2024, su biyun 'yan fim ne da suka san ciwon abin, shi ne a rubuta a fili cewa nuna jami'in gwamnati yana aikata laifi ba laifi ba ne, a kuma janye haramcin 2021 a maye gurbinsa da ƙa'idar yadda za a nuna. Ga ɗaliban sashen koyon aikin jarida na jami'ar nan kuma, waɗanda da yawansu a Mairi suke haya: hukuncin shari'ar Baba Fugu yana nan a rubuce a kotu, rahoton kwamitin majalisar dattawa yana nan, iyayen Jire Dole suna da rai kuma suna son a saurare su. Ku je ku nemi izininsu, ku ɗauki maganarsu da wayoyin da ke hannunku tun suna iya ba da ita.